Na gama kallon Lupin, ga abin da na gani game da Omar Sy

Saboda Lupin, fim ɗin Faransa mai dogon zango, kawai na biya kuɗin Netflix na wata guda, kuma wallahi kuɗina bai tafi a banza ba. Kashi uku na kalla, na farko ya fito a Janairun 2021, na uku a Oktoban 2023.

Labarin Assane Diop ne (Omar Sy ne ya fito a matsayinsa), ɗan wani direba mutumin Senegal da maigidansa attajiri ya ƙulla wa sharrin satar sarƙa, aka kulle shi ya mutu a gidan yari, yaron ya girma ya dawo ɗaukar fansa da wayo zalla. Inda ya fi kama ni shi ne yadda ya shiga gidan tarihi na Louvre a matsayin mai shara, don ya san manyan Paris ba sa ɗaga ido su kalli baƙin mutum mai goge-goge, kuma Omar Sy dogo ne ƙato amma da ya sunkuyar da kai ya canza tafiya sai ka yarda lallai ba wanda zai lura da shi. Wannan ba kowane jarumi zai iya ba gaskiya.

Omar Sy ya sha hanya fa. A garin Trappes da ke kusa da Paris aka haife shi a 1978, uba ɗan Senegal uwa 'yar Muritaniya, Fulani ne. Da barkwanci ya fara a Radio Nova, daga nan tashar talabijin ta Canal+ shi da abokin barkwancinsa Fred Testot suna ba mutane dariya shekara da shekaru, sai fim ɗin Intouchables a 2011 ya ɗaga shi sama, tikiti sama da miliyan 19 a Faransa kaɗai, a 2012 ya ci kyautar César (babbar kyautar fina-finan Faransa) ta gwarzon jarumi, baƙar fata na farko da ya taɓa cin ta. Da ya je Amurka kuwa ni dai ban gamsu ba, a X-Men da Jurassic World ɗan gefe suka ajiye shi, kafin ka gama murnar ganinsa ya ɓace.

Lupin ma yana da rauninsa, 'yan sandan ciki an mayar da su kamar ba su da wayo ko kaɗan, kuma kashi na uku ya ɗan ja. Shawarata ku bar shi da Faransancinsa ku kunna rubutun fassara a ƙasa, muryarsa da dariyarsa rabin wasan ne.

Wanda ya ji daɗinsa ya nemi fim ɗin Tirailleurs na 2022. Can ya fito a uba da ya shiga soja a 1917 don ya bi ɗansa da Faransa ta kwashe zuwa yaƙin duniya na ɗaya, da Fulatanci yake magana, kuma irin sojojin nan ba daga Senegal kaɗai aka ɗebe su ba, har da Nijar. A ganina a nan ya fi nuna iyawarsa, ya fi Lupin nesa ba kusa ba.