Harris Blitzer Sports & Entertainment: me magoyin baya ke samu idan masu jari suka sayi ƙungiyarsa?

Kamfanin Harris Blitzer Sports & Entertainment, wanda aka kafa a 2017, shi ke tafiyar da Philadelphia 76ers ta ƙwallon kwando da New Jersey Devils ta hokin ƙanƙara, haɗe da zauren wasanni na Prudential Center. Masu shi, Josh Harris da David Blitzer, ba a filin wasa suka tashi ba. Harris yana cikin waɗanda suka kafa Apollo Global Management a 1990 tare da Leon Black da Marc Rowan, shi kuwa Blitzer babba ne a Blackstone. Sana'arsu ita ce tara kuɗin asusun fansho da na manyan cibiyoyi, a sayi kamfanin da aka yi sakaci da shi, a sauya shugabanni, a toshe inda kuɗi ke zurarewa, sannan a sayar da riba. Da wannan idon suka shigo harkar wasanni, kuma alfanun aikinsu da aibinsa duk daga nan suka fito.

Wajen saye ba su da abin zargi. A 2011 suka karɓi 76ers kan kusan dala miliyan 280, lokacin da NBA, babbar gasar ƙwallon kwando ta Amurka, ke tsakiyar rikici da 'yan wasanta kan rabon kuɗi, masu saye kuma suna ja da baya. A 2013 suka ƙara da Devils, wadda bashi ya yi wa katutu, kan kusan dala miliyan 320. A 2015 kowannensu ya sayi kashi 18 na Crystal Palace a Landan. Babban cinikin ya zo a 2023, lokacin da Harris ya jagoranci sayen Washington Commanders, ƙungiyar ƙwallon ƙafar Amurka da ke gasar NFL, daga hannun Dan Snyder kan dala biliyan 6.05. Commanders da Palace ba a ƙarƙashin kamfanin suke kai tsaye ba, amma hannu ɗaya ne, salo ɗaya ne.

Mai karatu zai iya mamakin abin da zai sa mutum mai lissafi ya biya biliyan shida. A kakar 2023, kowace ƙungiya a NFL ta karɓi sama da dala miliyan 400 daga kuɗin da ake rabawa daidai wa daida, mafi yawansa na talabijin, alhali iyakar albashin 'yan wasa a shekarar dala miliyan 224.8 ce. Ke nan tun kafin a sayar da tikiti ɗaya an biya 'yan wasa da rara mai yawa. Ƙungiyoyi 32 ne kacal, ba a faɗawa ƙaramin rukuni ko da an zo na ƙarshe, dokar harajin Amurka kuma ta yarda mai saye ya riƙa cire mafi yawan kuɗin sayen daga abin da ake ɗora wa haraji har tsawon shekara 15. Wahalar tana wajen haɗa kuɗin: NFL ta wajabta wa jagoran masu saye ya mallaki kashi 30 da aljihunsa, kuma a lokacin ta ƙayyade bashin saye a dala biliyan 1.1. Shi ya sa Harris ya jawo abokan tarayya irin su Mitchell Rales da Magic Johnson.

A Washinton ne aikin ya fi kyau, domin sun tarar da gida a lalace. Filin da suka gada shi ne wanda bututu ya fashe a 2021 ruwa ya riƙa kwarara a kan 'yan kallo, shi ne kuma wanda a Janairun 2022 ƙarfen da ya kewaye hanyar fita ya karye, mutane suka zubo ƙasa daf da Jalen Hurts, ɗan wasan Philadelphia Eagles, yana wucewa. Harris ya bar kakar 2023 ta ƙare, sannan ya ɗauki Adam Peters a matsayin babban manaja, aka kawo Dan Quinn ya zama koci, aka zaɓi Jayden Daniels a lamba ta 2 a zaɓen sabbin 'yan wasa na 2024. Ƙungiyar da ta ci wasa 4 kawai a 2023 ta ci 12 a 2024, ta kai wasan ƙarshe na NFC, ɗaya daga ɓangarori biyu na NFL, karon farko tun kakar 1991. Eagles ta lallasa ta da 55 da 23, amma magoya bayan da suka ƙaurace wa filin shekara da shekaru sun dawo. Wannan jeri na aiki, wato a fara da manaja, manajan ya nemo koci, mai ƙungiya kuma ya cire hannunsa daga zaɓen 'yan wasa, shi ne abin koyi.

Filadelfiya kuwa labarinta daban. A 2013 aka ɗauki Sam Hinkie a matsayin babban manajan 76ers, aka rungumi dabarar da aka yi wa laƙabi da The Process: a rabu da ƙwararrun 'yan wasa, a tara damar zaɓe, a yi ta faɗuwa da gangan don a samu lamba ta sama a ƙuri'ar zaɓen matasa. A kaka uku ƙungiyar ta ci wasa 19, sai 18, sai 10, wato 47 cikin 246. A kan takarda lissafin ya tafi daidai, domin wadda ta zo ta ƙarshe tana da damar kashi 25 ta samun lamba ta 1. Sai dai mai jari yana iya jiran shekara biyar, shi kuwa wanda ya sayi tikitin kaka wasanni 41 na bana ya biya wa, ba na baɗin baɗaɗa ba. An karɓi kuɗinsa an nuna masa ƙungiyar da aka haɗa don ta sha kashi. Wannan rashin adalci ne ga abokin ciniki, ko da ya amince da dabarar. Ita ma NBA ba ta ji daɗi ba: Hinkie ya ajiye aiki a Afrilun 2016, daga 2019 kuma aka rage damar zuwa kashi 14 ga ƙungiyoyi uku na ƙasa.

Abin da ya fi ciwo shi ne yadda aka kashe ribar wannan wahala. Joel Embiid, lamba ta 3 a 2014, ya zama gwarzon NBA a 2023. Amma a 2017 sun ba Boston ƙarin damar zaɓe don su hau lamba ta 1 su ɗauki Markelle Fultz, Boston ta sauka lamba ta 3 ta ɗauki Jayson Tatum. A 2019 ƙwallon Kawhi Leonard ta yi tsalle sau huɗu a bakin kwando kafin ta faɗa, Toronto ta fitar da su a wasa na 7, na ƙarshe a zagayen. Bayan nan Jimmy Butler ya tafi Miami, aka ba Tobias Harris dala miliyan 180 na shekara 5, Al Horford miliyan 109 na shekara 4, wanda matsayinsa ya ci karo da na Embiid, aka rabu da shi bayan kaka ɗaya. A gasar da ke da iyakar albashi, kwantiragi ɗaya mara kyau yana ɗaure hannun ƙungiya shekaru. Daga 2011 zuwa 2025, 76ers ba ta taɓa wuce zagaye na biyu na wasannin fitar da gwani ba. Tushen matsalar shi ne yawan sauya masu yanke shawara, daga Hinkie zuwa Bryan Colangelo zuwa Elton Brand zuwa Daryl Morey, kowa da irin ƙungiyar da yake son ginawa.

A Maris ɗin 2020, da korona ta tsayar da wasanni, kamfanin ya sanar da rage albashin ma'aikata har zuwa kashi 20. Kwana ɗaya aka yi ana caccaka, Josh Harris ya janye ya nemi gafara. Janyewar ta yi daidai, amma tun farko bai kamata a kai ga hakan ba.

Hukumomin birane su ne ya kamata su fi buɗe ido. 76ers 'yar haya ce a zauren da kamfanin Comcast Spectacor ya mallaka, ɗan haya kuma ba shi ke da iko da ranakun wasa ko kuɗin sauran bukukuwa ba. Don haka a 2022 suka gabatar da shirin zaure na dala biliyan 1.3 a tsakiyar birni, kusa da unguwar Chinatown, wadda mazaunanta suka yi ta zanga-zanga saboda tsoron cunkoso da tsadar haya. Majalisar birnin ta amince a Disambar 2024. A Janairun 2025 kamfanin ya watsar da shirin, ya sasanta da Comcast kan gina sabon zaure a kudancin birnin, aka bar 'yan majalisar da suka ɗauki zafin jama'a da cizon yatsa. A Washinton, Commanders za ta zuba dala biliyan 2.7 a sabon filin da za a gina a wurin tsohon filin wasa na RFK, birnin kuma kimanin biliyan 1, da niyyar buɗewa a 2030. Masu biyan haraji a can su sa ido kan wanda zai ɗauki nauyin duk ƙarin kuɗin gini, da wanda zai ci gajiyar filayen da ke kewaye, da tarar da za a biya idan gidajen da aka yi alkawarin ginawa a wurin suka yi jinkiri.