Elmina ko Cape Coast: yawon da ya cancanci kuɗinka a gidajen bayi na gaɓar tekun Gana

Duk wanda kasuwa ko ziyarar dangi ta kai shi Akra, ya samu kwana guda da ba shi da abin yi, da wuya ya bar Nima ko Mamobi ba a ce masa "Alhaji, je ka ga gidajen bayi" ba. Shawara ce mai kyau. Sai dai ba a cika gaya wa baƙo cewa yawon iri-iri ne ba, kuma wanda aka fi tallatawa shi ne ya fi cin kuɗi da lokaci. Sau uku na je. Zuwan farko asara na yi, na biyu na gyara, na uku na kai iyalina. Abin da na tsinta a tsakani shi zan shimfiɗa a nan.

Tsakanin Akra da Cape Coast kusan kilomita 150 ne, tafiyar awa uku idan cunkoson Kasoa ya yi maka sassauci, kuma bai cika yi ba. Daga Cape Coast zuwa Elmina bai wuce kilomita 13 ba. Riƙe waɗannan biyun a ka, domin da su za ka auna duk alkawarin da mai talla zai yi maka.

Na fara da wanda ya ƙone ni, wato yawon rana ɗaya da kamfanoni ke sayarwa daga Akra: dajin Kakum da safe, Cape Coast da rana, Elmina da yamma, a dawo da kai masaukinka da dare. A takarda abin gwanin sha'awa. An ce mana ƙarfe 6 za a tashi, ba mu bar gari ba sai bakwai da rabi saboda ana bin otal-otal ana kwasar mutane. Muka isa Kakum rana ta take, muka tarar da ɗaliban makaranta cike da motoci a layi. Daga nan direba ya kai mu cin abinci wani wuri da ko makaho ya san yana da kamasho a ciki. Cape Coast muka yi ta a guje. Muka isa Elmina ana jan ƙofa, domin wajen huɗu da rabi ake rufewa. Hoto na ɗauka daga waje, kamar wanda ya je ɗaurin aure ya tarar an shafa fatiha. Azahar da la'asar a gefen gidan mai na haɗa su, direba yana danna oda. Ƙarin haushi, a bakin kowace ƙofa sai a ce kuɗin shiga "ba ya cikin lissafi". Tun ranar ma'aunina biyu ne kawai: minti nawa ƙafata za ta yi a cikin ginin, kuma hannun wa tikitina yake.

Kakum ba laifinsa ba ne. Gadoji bakwai na igiya a saman bishiyoyi, abin kallo ne ga mai ƙarfin zuciya. Amma daji ne, ba tarihi ba, kuma shi ke cinye safiyar da ya kamata ka yi a inda ka zo gani.

Wanda nake so, kuma ba na ɓoyewa, shi ne wannan: ka je tashar Kaneshie a Akra ka hau mota da kanka, ka kwana a Cape Coast ko Elmina, ƙarfe 9 na safe ta same ka a ƙofar gidan bayi na Elmina, ka biya a taga, ka bi jagoran hukumar da ke kula da gidajen tarihi ta Gana. Zagayen ba ya wuce awa guda. Bayan an gama ana barinka ka sake komawa inda kake so kai kaɗai, kuma wannan komawar ce ribar tafiyar.

Me ya sa Elmina? Na farko, shekaru. Turawan Fotugal suka gina shi a 1482, shekara goma kafin Kolombus ya tsallaka teku, kuma zinariya suka zo nema tun farko, shi ya sa suka kira wurin "mahaƙa". Ɗakunan da aka yi don ajiye kaya su aka mayar ma'ajiyar mutane da cinikin bayi ya bunƙasa. Mutanen Holan suka ƙwace shi a 1637, suka riƙe har 1872 da suka miƙa wa Ingila. Hannu uku ke nan a gini ɗaya, kuma jagora mai kyau zai nuna maka sawun kowannensu. Cocin da 'yan Fotugal suka gina a tsakar gida, 'yan Holan suka mai da shi wurin ciniki, yanzu ɗakin nune-nunen tarihi ne. Su kuma suka yi nasu cocin a bene, da ayar Zabura rubuce a bango, ga mutane a ɗaure a ƙarƙashinsu.

Inda na fi daɗewa shi ne farfajiyar mata. Ƙaramar tsakar gida ce, ɗakunan duhu kewaye da ita, sama kuma barandar gwamna. Daga nan yake tsayawa ya zaɓa. Akwai matakala ta katako da ke hawa zuwa ɓangarensa, akwai kuma dunƙulen harsashin igwa a ƙasa, wanda jagora zai ce maka a jikinsa ake ɗaure wadda ta yi gardama, a bar ta a rana. Uwargidana ta tsaya a wurin ta kasa magana. Da muka fito abin da ta ce kawai shi ne, "Malam, warin bai tafi ba." Gaskiya ta faɗa. Akwai kuma ɗakin da aka zana ƙoƙon kai da ƙasusuwa a saman ƙofarsa, inda ake jefa wanda ya yi bore. Jagora yakan shigar da ku ya rufe ƙofa na ɗan lokaci. Mai hawan jini ko ciwon asma ya ce a'a tun daga waje, ba abin kunya ba ne. Ƙofar da ake kira ta tafiya ba dawowa kuwa, siririya ce ƙwarai, mutum ɗaya take ɗauka, shi ma a kaikaice.

A hasumiya za a nuna maka ɗakin da Ingila ta tsare Sarkin Asante Prempeh na ɗaya a 1896, kafin ta kai shi Saliyo, daga baya tsibirin Seychelles. Idan ka leƙa ta yamma za ka ga fili fetal a gindin ginin. Nan tsohon garin Elmina yake. Ingila ta yi masa ruwan igwa ranar 13 ga Yuni 1873 saboda mutanen garin sun goyi bayan Asante, ba a sake gina shi a wurin ba. A cikin rundunar da Ingila ta yi wannan yaƙin da ita akwai dakarun Hausa da ta kwaso daga Legas. Ba kowane jagora ke ambaton haka ba, sai ka tambaya. Ni dai na tambaya, kuma na dawo da abin tunani, don na je da zaton mu 'yan kallo ne kawai a wannan labarin.

Abin da ya ɗora Elmina sama da kishiyarta a wurina shi ne tudun da ke fuskantarta. Ka tsallake gadar tafkin Benya, ka hau da ƙafa, minti goma zuwa sha biyar, sai ga ka a sansanin St. Jago. Kan wannan tudun 'yan Holan suka jawo igwoyinsu a 1637 suka yi ta luguden wuta har 'yan Fotugal suka sallama, sannan suka gina sansanin dutse a kai don kada wani ya yi musu irin abin da suka yi. Sai ka tsaya can ka kalli ƙasa za ka gane yaƙin da idonka: gidan bayin fari fat, teku a bayansa, kwalekwale ɗaruruwa masu tutoci cunkushe a tafki. Ranar Talata masunta ba sa shiga teku, don haka jirage na nan a ɗaure amma kasuwar kifi ba ta ci sosai. Masu yawon rana ɗaya ba sa hawa tudun nan ko kusa.

Cape Coast fa? Ba zan raina shi ba. 'Yan Suwidin suka fara gini a 1653, Ingila ta karɓe bayan shekara goma sha ɗaya, ya zama cibiyar mulkinta har 1877 da ta koma Akra. Ɗakin nune-nunensa ya fi na Elmina tsari, kurkukun maza ya fi girma, kuma nan Barack Obama ya ziyarta a 2009, shi ya sa ayarin baƙi ya fi yawa a can. Yawan nan shi ne matsalata: jagora na magana, wani ayarin na jiran ku matsa. Ka kuma sani akwai wurin tsafi na gargajiya a ƙarshen kurkukun maza, wani lokaci da mai kula da shi a zaune. Ka wuce abinka, babu mai tilasta maka ajiye komai. Idan kwana biyu gare ka, yi shi a rana ta biyu, ka biya ta kasuwar Kotokuraba, akwai masallaci da 'yan zango a kusa, koko da ƙosai da Hausa rangaɗaɗau.

Assin Manso, kimanin kilomita 40 a hanyar Kumasi, rafin da ake yi wa bayin da aka gangaro da su daga arewa wankan ƙarshe, ya dace da mai komawa Kumasi ko mai son haɗa labarin da Salaga, kasuwar da fataken goronmu suka sani. Ga mai kwana ɗaya, ƙarin gajiya ne.

Yanzu ga inda nake so ka buɗe kunne, domin baƙo ko da ido makaho ne.

Da ka sauka daga mota samari za su tare ka da fara'a. "Alaji, sannu da zuwa, yaya sunanka?" Wasu har da 'yar Hausarsu. Kada ka faɗa. Idan ka faɗa, kafin ka fito an rubuta sunanka da fenti a bawon katantanwa, da kwanan wata, an ce kyauta ce. Kyautar da ake bin mutum har mota ana neman tukuici. Ni na faɗa a zuwan farko, katantanwar tana kan firijina har yau, da sunana a rubuce ba daidai ba. Wasu kuma takarda za su miƙo maka ta neman taimakon ƙungiyar ƙwallo ko kuɗin makaranta, da jerin sunayen Turawa da manyan kuɗaɗen da wai suka bayar. Hannu ɗaya ya rubuta jerin duka, duba ka gani. Ba mugaye ba ne, neman abinci ne, kuma murmushi da "na gode" tare da ci gaba da tafiya sun ishe ka. In kana son yin sadaka, yi ta don Allah, ba don an kunyata ka ba.

Wanda ya fi su haɗari shi ne jagoran bogi. Yana da kati rataye a wuya, ya san shekaru kamar karatun allo, zai ce ka ba shi kuɗin ya sayo maka tikiti "a farashin ɗan ƙasa". Farashin ɗan Gana daban ne da na baƙo, haka ne, kuma ɗan Najeriya ko Nijar baƙo ne komai baƙin fatarsa. Amma ko dai ya ɓace da kuɗin, ko a tsayar da kai a ƙofa a nemi katin shaida ka ji kunya, ko ya zagaya da kai bayan gini ya nuna maka igwoyi ya ce ciki a rufe yake yau. Jagoran gaskiya ba ya farauta a bakin titi. A ciki yake, bayan ka biya, kuma aikinsa na cikin kuɗin tikitin. Abin da ka ba shi a ƙarshe ihsani ne, kuma ya cancanta. Farashi na rubuce a allo kusa da taga, karanta da kanka, ka karɓi rasit, ka tambayi ƙa'idar ɗaukar hoto a nan take idan kana da babbar kyamara.

Shatar tasi ma sai ka yi hattara. Tsakanin Cape Coast da Elmina akwai motocin haɗaka masu araha, ba ka buƙatar shata sam. In kuwa da iyali kake ka ɗauka, ku yanke magana kafin ka sa ƙafa: kuɗin zuwa da dawowa ne ko na zuwa kawai, jira na ciki ko a'a, awa nawa, na mota ne ko na kowane kai. Ka maimaita adadin sidin, wato kuɗin Gana, a gaban wani. Kada ka biya duka sai an dawo da kai. Wani direba ya taɓa ce mini kuɗin da muka yi na zuwa ne, bayan mun dawo, kuma da yake babu shaida sai da na ƙara.

Masu talla a Facebook da WhatsApp da ke cewa ka tura rabin kuɗi ta MoMo, wato asusun kuɗi na wayar hannu, don a riƙe maka kujera, ka tambaye su abu huɗu a rubuce: ƙarfe nawa za a isa Elmina, kuɗin shiga na ciki, mutum nawa ne a motar, kuma za a tsaya salla. Wanda ya amsa da "kada ka damu, Alhaji" ka rabu da shi. Haka masu sayar da sarƙoƙi da tsakiya da tsofaffin kuɗi wai na zamanin bayi: an jiƙa su a ruwan gishiri ne sun yi tsatsa. In ma na gaske ne, fita da kayan tarihi daga ƙasar ba tare da izini ba laifi ne, kwastan za su karɓe a iyaka. Kuma kada ka ɗauki hoton masunta ko matan da ke ƙyafe kifi ba ka nemi izini ba, faɗan da zai biyo baya da Fantanci za a yi shi, ba ka da bakin ramawa.

Ka tafi da ruwan sha, da takalmin da ba ya santsi saboda matakalun sun sha ƙafa, da canjin ƙananan sidi a aljihu daban da babban kuɗinka. In ka gama St. Jago wajen sha biyu, kana da lokacin yin azahar a natse, ka ci dokunu da soyayyen kifi, ka kama motar Akra kafin ƙarfe biyu, don ka wuce Kasoa da sauran haske.