Manhajar bankina tana da sauri, amma sai ka zama malamin lissafi kafin ka san kuɗinka

Gaskiya da na sauke manhajar nan na ji daɗinta, tiransifa ba ta wani jan lokaci, kana dannawa alat ya shiga wa mutum, har na riƙa tallata ta a majalisarmu. Abu ɗaya ne ya ɓata min rai kuma har yau idan na tuna sai raina ya sosu.

Ina da N20,031.50 a asusu. Na tura wa Hajiyarmu N15,000, risit ya fito 15,000 cif ba ƙari ba ragi, babu inda aka nuna min caji, kuma balans ɗin da ke fuskar manhajar ya tsaya a 5,031.50. To da wannan ƙarfin gwiwar na je shagon da nake sayen shinkafa aka auna min ta dubu biyar, yaron shago har ya ƙulle leda ya ajiye a gabana, na danna tura 5,000 sai kawai ta ce wai kuɗina bai isa ba. Na sake, haka dai. Mai shagon ya ce "Malam ko netwok ne?" ga mutane a bayana suna jira, wallahi zufa ta keto min.

Sai da na shiga can cikin tarihin hada-hada na ga an cire 25.00 daban na cajin tiransifa, an kuma cire 1.88 daban. Ita 1.88 ɗin harajin VAT ce, kashi 7.5 na naira 25, wanda asalinsa 1.875 ne aka cike shi sama. A tsaye a gaban shagon na yi lissafin a bayan ledar: 5,031.50 a cire 25 saura 5,006.50. Sai 1.88, kwabo 50 ba za a cire masa 88 ba, dole ka aro naira ɗaya ta zama kwabo 150, a cire 88 saura 62, ɓangaren naira kuma ya dawo 5,004. Wato 5,004.62 nake da shi. Tura dubu biyar kuwa cajinsa naira 10 ne da VAT kwabo 75, ana neman 5,010.75 kenan. Naira 6 da kwabo 13 ne suka tsayar da ni kamar maroƙi.

Ni fa ba cajin nake ƙorafi a kai ba, kowa ya san tsarin Babban Bankin Najeriya (CBN) ne a lokacin, naira 10 da 25 da 50 gwargwadon abin da ka tura. Amma don Allah me zai hana a nuna min 15,026.88 tun kafin in sa lambar sirri? Kuma me ya sa balans ɗin gaba zai zauna bai canza ba sai ka fita ka sake shiga? Mai sayar da kaya da mai ƙaramin albashi da waɗannan kwabban suke lissafin rayuwa.

Ƙarshe 4,990 na tura, Alhajin ya ce in bar goman ba komai, aka bar min 3.87 a asusu. Na kira masu kula da kwastoma wata ta ce za a duba, shiru kake ji.

Da na yi niyyar ba su tauraro huɗu saboda saurin, amma yanzu da nake rubutun nan na tuna ledar shinkafar nan a gabana, biyu ma sun ishe su har sai sun gyara.