Dishonored 2: gidan injiniya Jindosh kaɗai ya fanshe min kuɗina

Faifan nan na hannu na saya, na PS4, kuma gaskiya ba shi ya kai ni shagon ba, gem ɗin ƙwallo na je nema sai mai shagon ya miƙo min shi ya ce in je in gwada, in bai yi min ba in dawo masa da kayansa. To har yau bai ga faifansa ba.

Tsohon gem ne, tun Nuwamba 2016 kamfanin Arkane na Faransa ya fitar da shi, kuma ba ya buƙatar intanet, kai kaɗai za ka zauna ka buga abinka ba ruwanka da data. Kana zaɓar ko Emily Kaldwin, sarauniyar da aka yi wa juyin mulki, ko babanta Corvo, ka tafi wani birnin bakin teku mai suna Karnaca kana bin waɗanda suka haɗa baki ɗaya bayan ɗaya. Labarin kam ba wani abin a zo a gani ba ne, an ƙwace sarauta je ka ƙwato, shi ke nan. Ni abin da ya riƙe ni mutum ɗaya ne, Kirin Jindosh.

Shi wannan Jindosh injiniyan gwamnan Karnaca ne, Luca Abele. Ɗalibin tsoho Anton Sokolov ne a da, wanda ya ƙera shingen lantarkin nan da ke mayar da mutum toka a Dishonored na farko, kuma makarantar masanan ma korar Jindosh ta yi. Ya rasa yatsu biyu a hannu ya ƙera wa kansa na tangaran, kuma don tsabar iyayi yatsan nan shi ne lofensa, da shi yake zuƙar taba. Daga nan ka san irin mutumin da za ka tarar.

A mataki na 4 ake shiga gidansa. Wallahi ranar da na fara shiga ajiye fad, wato abin da ake riƙewa a buga gem, na yi ina kallo. Falo ne lafiyayye, ga wani hannun ƙarfe a gefe, ina ja sai bango ya dare, ƙasa ta nutse, matakala ta fito daga inda babu ita, ɗakin da na shigo ya zama wani ɗaki daban a kan idona. Sai ga muryarsa ta lasifika yana min sannu da zuwa cikin izgili, yana bin duk inda na taka yana sharhi kamar malamin da ya riga ya san za ka faɗi jarrabawa. Ƙanina da ke zaune kusa da ni cewa ya yi "Yaya wannan ai gidan aljanu ne", na ce masa babu aljani ko ɗaya, ƙarfe ne da lissafi.

Inda gidan ya fi burge ni shi ne lokacin da bango ke juyawa kana iya kutsawa ta tsakani ka faɗa bayan ɗakunan, can cikin haƙoran inji da bututu da ƙura, inda ba a yi don baƙo ya gani ba. Gaba ado, baya maiƙo, kamar dai mai gidan. Kuma ashe ana iya ratsa gidan kaf har ka isa kansa bai san ka shigo ba, in dai ba ka taɓa hannun ƙarfen farko ba ka bi ta sama. Sai a zagaye na biyu na iya wannan, bayan an ɗauke mana wuta ana tsakiyar abu na sake daga baya.

Sojojinsa na ƙarfe kuwa sun ba ni wuya ba kaɗan ba. Dogaye ne, hannu huɗu duk wuƙaƙe, suna gani gaba suna gani baya, ga shi da muryar Jindosh ɗin suke magana. Dabarar da na gano ita ce ka fille masa kai, sai ya makance ya koma bin sauti, duk abin da ya motsa sara kawai, har masu gadin gidan bai bari ba. Na fi minti goma a saman kabad ina kallon ɗaya yana gama min aiki.

To ga inda abin ya tsaya min a rai. Gem ɗin yana ba ka zaɓi, ko ka kashe shi ko ka bar shi da rai, kuma barin nasa da rai shi ne ka ɗora shi a kan kujerar lantarkin da shi da kansa ya ƙera, ka daidaita wutar ɗakin bincikensa ka kunna, ta ƙone masa basira. Ni da nake ganin tausayi na yi, sai ga mutumin da ya gina wannan gida yana magana kamar yaro, abin da ya sani jiya ya gagare shi. Mugu ne, ba musu, ya kulle malaminsa Sokolov a ƙasan gidan, amma ban ji daɗin kaina ba ko kaɗan, kuma wai wannan ce hanyar masu hannu mai tsabta.

Ko bayan ka gama da shi bai rabu da kai ba. A mataki na 6 akwai ƙofa da kwaɗon da ya ƙera, kacici-kacici ne na mata biyar da kayan da suka gada guda biyar, wace ce ta zauna ina, me ta sa, me ta sha, kuma amsar tana canzawa duk sabon wasa don haka ba zancen satar amsa. In ka warware ka tsallake kusan duk matakin. Takarda da biro na ɗauko, na ɓata shafi uku.

Aibinsa, lodin yana da jinkiri in kana yawan mutuwa irina, Turancin takardun da ake tsinta yana da nauyi kuma rabin tarihin Jindosh a cikinsu yake, sannan akwai jini da harkar matsafa sosai, na 'yan shekara 18 ne, kar a bar wa yara. Shi ma ƙanin nawa daga matakin gidan na kore shi, yanzu kullum sai ya leƙo ya tambaye ni ko na buɗe kwaɗon.