Wata biyu a sama, wanne za a bi wajen lissafin kwanaki?

Malama, na ga tambayarki tun jiya da daddare, sai yau bayan azahar na samu zama. Kin ce a duniyar da kike ƙagawa cikin labarinki wata biyu ne a sama: babba yana tsayawa duk kwana 30, ƙarami duk kwana 18, shekarar rana kuma kwana 370 ce. Kina so ki san wanne ya fi, a ɗora kalanda a kan babban wata kaɗai, ko a haɗa su biyun a lissafi. Na ɗauki biro na gwada duka biyun, ga abin da na samu.

Hanya ta farko ba baƙuwa ba ce gare mu. Babban wata shi ne mai gida, wata 12 masu kwana talatin-talatin, jimilla 360, saura kwana 10 shekara ta cika. Irin giɓin da ke tsakanin shekarar Hijira mai kwana 354 da ta Miladiyya mai 365 ke nan. Tamu ba a yi mata ƙari, shi ya sa azumi yake zagaya mu: mun yi shi cikin hunturu leɓe na tsagewa, mun yi shi cikin zafin bazara, kuma sai bayan kimanin shekara 33 yake dawowa inda ya faro. In kina son watanninki su zauna daram da damina, sai ki ƙara wata na 13 duk shekara uku, kwana goma sau uku ya ba ki talatin cif. Yahudawa haka suke yi da tasu, suna ƙara wata sau 7 a cikin shekara 19. Daɗin wannan hanya shi ne mai karatu ba zai wahala ba. Kina cewa sha biyu ga wata, ya gane. Aibinta kuwa, ƙaramin watan ya zama ɗan rakiya. Idan za a iya cire shi daga labarin ba tare da komai ya motsa ba, to don me aka rataye shi a sama?

Hanya ta biyu ita ta hana ni barcin rana. Tsayuwar babba sau uku kwana 90 ne, tsayuwar ƙarami sau biyar ma kwana 90 ne. Wato duk kwana 90 sai su tsaya tare a yammaci ɗaya, sirara biyu kusa da juna bayan magariba. Ki sa wa wannan zagaye suna, ni dai na kira shi haɗuwa. Mutanenki ba za su ce goma ga wata ba, sai su ce goma ga babba, huɗu ga ƙarami, kuma wannan daren sau ɗaya tak yake zuwa a cikin haɗuwa guda, shi ne dare na 40. Mutanen Maya na nahiyar Amurka sun yi makamancin haka: suna da ƙidaya mai kwana 260 da wata mai 365, kowace na tafiyarta, sai bayan shekara 52 suke komawa mafari tare.

Ki duba abin da wannan ke yi wa dare. Ranar da babba ya ɓuya a kwana na 30, ƙarami yana kwana 12, da sauran haskensa. Ke nan duhu na sosai, wanda mutum ba ya ganin tafin hannunsa, sai a ƙarshen haɗuwa, lokacin da su biyun suka ɓace tare. Ɓarawo ya san daren, mai shirin yaƙi ya san shi, uwa ma ta sani, tun la'asar take kiran 'ya'yanta su shigo gida. A tsakiyar zagayen kuma, wajen dare na 45, su biyun ke cika tare. Ina yaro a Tudun Wada, in aka ɗauke wuta daren sha huɗu, mukan fito ƙofar gida, 'yan mata na gaɗa, mu muna langa, kakarmu na zaune a tabarma tana tsince shinkafa a faifai ba fitila. Wata ɗaya ke nan. Ki ƙiyasta biyu, kowa na tafe da inuwa biyu a ƙasa, ɗaya mai kauri ɗaya mai shara-shara. Ai ranar ɗaurin aure da naɗin sarauta ta samu da kanta. In da teku a ƙasar taki, a waɗannan darare biyu ne ruwansa zai fi tumbatsa, domin jan watannin ya haɗu a layi ɗaya.

Amma kada in ɓoye miki rauninta. Haɗuwa huɗu kwana 360 ne, giɓin kwana goman nan yana nan, kuma ba za a iya cike shi ba sai ya taru ya kai haɗuwa guda, wato bayan shekara tara. Kafin nan lissafi ya goce da kusan kwana casa'in, haɗuwar da aka saba yin shuka a cikinta ta faɗo cikin rani. Manomi ba zai bi wannan ba. Zai ɗaga kai ya dubi taurari, kamar yadda malamanmu ke lissafin taurari 28 masu kwana sha uku-uku, ɗaya da sha huɗu, su ba da 365. Ga kuma nauyi a kan mai karatu: lamba biyu a kowane kwanan wata tana gajiyarwa in aka yawaita.

Da ni ne, ta biyun zan ɗauka ta zama ƙashin bayan labarin, amma ba zan jefar da ta farko ba, sai in raba su ga mutane. Mu nan Kaduna haka muke rayuwa: albashi da kuɗin makaranta da kwanan Miladiyya, azumi da salla sai an ji sanarwar Sarkin Musulmi daga Sakkwato, mai kai kaya kasuwar Kawo kuma Talatarsa kawai yake ƙirgawa. To ki ba fada babban wata, da shi ake karɓar haraji ana rubuta wasiƙu. Ki ba mata da 'yan kasuwa ƙarami, da shi ake zubin adashi. Haɗuwa kuma ki bar ta a hannun masu duban sama, su ke da ikon cewa an ga biyun ko ba a gani ba. Ranar da hadari ya rufe yamma, wani gari ya ce ya ga biyu, fada ta ce ɗaya aka gani, kin samu rigimar da za ta ɗauki babi uku.

Sai batun suna. Kada ki ce wata na ɗaya, wata na biyu. Kakanninmu watan cika-ciki suka ce, da watan azumin tsofaffi, kowane suna da abin da ake yi a cikinsa. Ki turo mana sunayen haɗuwoyinki huɗu, da na ta biyar ɗin nan mai zuwa sau ɗaya a shekara tara, mu tayaki dubawa.