Stellarium: Jirgin da Ke Ratsa Zamani Daga Kan Tebur

Babu jirgin da zai ɗauki mutum ya kai shi shekarun Fir'auna ya dawo da shi kafin dare, amma akwai manhajar da ta yi kusa da hakan gwargwadon abin da lissafi zai iya. Sunanta Stellarium, kuma aikinta nuna sararin sama a allo yadda yake a wuri da lokacin da aka zaɓa. Wani Bafaranshe, Fabien Chéreau, ya fara gina ta a 2001, kuma har yau kyauta ake sauke ta a kwamfuta, ko Windows ce, ko Mac, ko Linux. Tana zuwa da taurari sama da 600,000, sannan ana iya ƙara wasu miliyoyi daga cikin manhajar.

Kafin komai a danna F6 a saita wuri. Nan ne yawancin sababbin masu amfani ke tuntuɓe. Idan garin da aka zaɓa daidai ne amma agogon yankin bai dace ba, sararin zai karkace da digiri 15 a kan kowace awa guda, mutum ya ga Zara ta faɗi alhali tana nan a yamma. Sai a zargi manhaja, bayan laifin na saiti ne.

Tuƙin lokaci maɓallai huɗu ne. L yana ƙara gudu, kowace dannawa ninki goma. J yana rage shi har ya juya baya. K yana mayar da shi yadda agogo ke tafiya. Lamba 8 kuma tana dawo da kai yanzu. Wanda ke son wata rana takamaimai sai ya buɗe F5 ya rubuta. Gwaji mai kyau shi ne a saita wuri a Luxor ta Masar, a sa 2 ga Agusta 2027, a nemo rana da F3, a danna dogon maɓallin tazara don ta tsaya a tsakiyar allo. Wata zai rufe ta gaba ɗaya fiye da minti shida, sama ta yi duhu, taurari su fito da tsakar rana. Aikin da aka yi wa hasken sama a irin wannan lokaci ya cancanci yabo.

Inda ta fi burgewa shi ne doguwar tafiya. Duniya tana layi a hankali kamar katantanwa, zagaye ɗaya cikin shekara kusan 26,000, don haka tauraron da ke nuna arewa yana sauyawa. A danna A a cire iska, G a cire ƙasa, E a kunna layukan awon sama, sannan a koma wajen shekara 2800 kafin haihuwar Annabi Isa: tauraron Thuban ne zaune a gurbin da Polaris, tauraron arewa, yake yau. A zarce gaba zuwa wajen shekara ta 14,000, Vega ce ke matsowa kusa. Abin da littafi ke cin shafi uku yana bayani, a nan ido ne ke gani cikin minti biyu.

Sai dai tafiya baya tana da tarkuna, kuma manhajar ba ta yin gargaɗi yadda ya kamata. Na farko, masana taurari suna ƙirga shekarar sifiri, masana tarihi ba sa yi. Husufin ranar da ake dangantawa da masanin Girka Thales ya faru ne 28 ga Mayu 585 kafin haihuwar Annabi Isa, amma a Stellarium sai an rubuta -584. Wanda ya sa -585 zai yi ta jira bai ga komai ba. Na biyu, duk ranar da ta gabaci 15 ga Oktoba 1582 ana lissafa ta da tsohuwar kalandar Yuliyas, shi ya sa daga 4 ga Oktoba ake tsallakawa zuwa 15.

Na uku ya fi nauyi. Juyawar duniya tana raguwa kaɗan-kaɗan, kuma ba a kan ƙa'ida ɗaya ba, saboda haka lokacin da aka yi nisa cikin tarihi, kimanta bambancin da ke tsakanin juyawar duniya da agogo ake yi. Kuskuren minti huɗu kacal yana gusar da inuwar husufi digiri ɗaya, wato kimanin kilomita 111 a kan layin da ya raba duniya arewa da kudu, ita kuwa inuwar ba ta cika wuce kilomita 270 a faɗi ba. Ranar husufin za ta fito daidai, amma kada a kafa hujja da ita cewa wani gari ne ya shiga duhu shekara dubu uku da suka wuce. Haka ma matsayin duniyoyi: lissafin da take zuwa da shi amintacce ne na 'yan dubban shekaru gaba da baya. Mai son wuce nan sai ya sauke kundin lissafin duniyoyi mai suna DE431 daban, kuma yana da girma.

A ɓangaren ratsa sarari ƙarfinta ya ragu. Ana zaɓar Wata a danna Ctrl da G, sai ga mutum a can yana kallon duniya a rataye kusan wuri ɗaya, tana cika tana raguwa. Daga Mars za a ga watanta Phobos yana fitowa daga yamma, domin yana gama zagayensa cikin awa 7 da minti 39, ya riga duniyar tasa juyawa. Amma sauka kawai ake yi, babu tafiyar da ke tsakani, kuma ba a fita daga dangin rana. Mai son kutsawa tsakanin taurari ya nemi Celestia, wadda ita ma kyauta ce.

Stellarium ta waya da ta shafin intanet sun fi sauƙi, sun kuma ishi mai son sanin inda Kaza da 'ya'yanta suke yau da dare, amma babu yawancin kayan lissafin da aka ambata. Malamin makaranta ko ɗalibin tarihi ya ɗauki ta kwamfuta, ya kuma tabbatar direban katin hoton na'urarsa sabo ne, don tsoho kan sa allo ya yi baƙi ko rubutu ya watse tun daga buɗewa.