Taswirar yashi ko ta tawada?

A labarin da nake rubutawa lokaci baya zama wuri ɗaya a Katsina, ka fita ta Ƙofar Sauri ka dawo ka tarar da ganuwa tsaye kamar jiya aka gina ta. To taswira biyu gare ni. Ta yashi a faifai ake baza ta, boka ya tofa, layuka su dinga motsi da kansu duk sanda zamani ya juya, matsalarta iska kaɗan ta share komai, balle da hunturu. Ta tawada bata gogewa amma shekara ɗaya tak take riƙewa, in ka zana 1987 shikenan can ka maƙale. Ni dai wlh yashi na ɗauka, in ya goge a koma gindin Gobarau a sake awo.